Waɗanda rigimar wurin aiki ta kai gaban majistare, ku zo mu ji

Baban Ummi:
Salamu alaikum 'yan'uwa. Shekara shida ina tsaron shagon atamfa a Kantin Kwari, ko allura ba a taɓa cewa ta ɓata ba. Ranar da na ce wa maigida ya sallame ni zan kama nawa, sai lissafi ya tashi, wai dila biyu ba a gan su ba. Kwana biyu na yi a caji ofis, aka rubuta cin amana, sai kotu. Wata tara muna zarya. Da lauyana ya sa aka kawo littafin shago, ashe shi da hannunsa ya rubuta ya ba wani ɗan Maraɗi su bashi. Alƙali ya ce babu tuhumar da zan amsa, ya sallame ni ya wanke ni. Akwai wanda ya ɗanɗani irin wannan?

Maman Sadik:
Ga ni, Malam. Koyarwa nake yi a wata makarantar kuɗi a Kaduna, albashin wata huɗu ya maƙale. Na rubuta takardar neman haƙƙina, sati bai zagayo ba aka ce na ci kuɗin jarrabawar yara. Mai makarantar sau ɗaya ta leƙo kotu. Aka yi ta ɗage zama har alƙali ya gaji ya kori ƙarar. Abin da ke ci mini rai har yau, da 'yan sanda ba su same ni a gida ba ƙanena suka tafi da shi.

Barista:
Hajiya, wannan kamun haramun ne. Dokar 'yan sanda ta 2020, sashe na 36, ta hana kama wani a madadin wani, sashe na 32 kuma ya hana kama mutum kan bashi ko saɓa yarjejeniya kawai. Albashinki kuwa maganar kotun ma'aikata ta ƙasa ce. Sai dai ki lura, taki da ta Baban Ummi ba ɗaya ba ce: shi an wanke shi, ba a sake tuhumarsa kan wannan. Ke korar ƙara aka yi don ba a zo ba, tana iya dawo da ita. Ki je ki karɓi kwafin hukuncin ki adana.

Baban Ummi:
To diyya fa, Barista?

Barista:
Ana nema, amma sai ka nuna maigidan ne ya tayar da ƙarar, ba shi da hujja, kuma da ƙeta ya yi. Na ukun nan ke ba lauyoyi wahala. Littafin nan naka babbar shaida ce.

Direban Tanka:
Ni dai man fetur aka ce na zuƙe a hanyar Legas, bayan na nemi kuɗin alawus. An wanke ni, amma a gareji labarin kamun kowa ya ji, na wankewar babu wanda ya ji. Shekara guda ban samu mota ba. Yanzu Keke Napep nake ja a Zariya.