Dattijo marini zai fito a matsayin kansa a dokumentari: me ya kamata a shirya?

Ɗan Fagge:
Assalamu alaikum. Za a ɗauki wani dattijo a marinar Ƙofar Mata ya yi bayanin rini da bakinsa. Bai taɓa tsayawa gaban kyamara ba, kuma ba ya karatun boko. Ya ake yi da izininsa, da sauti, da sunansa a fim?

Mai Sauti:
Wa alaikumus salam. Sauti ne ke kashe irin wannan aiki, domin marinar tana bakin titi, hon ɗin adaidaita sahu ba ya yankewa. Ka maƙala masa ƙaramin makirfo a wuyan riga, kamar tafin hannu ɗaya ƙasa da haɓa. Shadda mai sitaci tana ƙara in ta gogi makirfo, sai ka ɗaure wayar da salatif ta ciki. Saita na'urar naɗar sauti a 48 kHz (ma'aunin ingancin naɗi), ƙarfin murya kuma kada ya wuce -12 dB a ma'aunin na'urar. In an gama, kowa ya yi shiru ka naɗi hayaniyar wurin na minti 1, ita edita zai cike gurbi da ita. Ku je da sassafe, kafin hayaniyar titi ta yi yawa.

Hajiyar Shirye-shirye:
Ɗan'uwa, izini ya riga kyamara. Dokar Najeriya ta kare bayanan jama'a ta 2023 ta ba amincewar mutum muhimmanci, kuma tashoshin talabijin kan nemi shaidarta. Tunda Baba ba ya boko, a karanta masa takardar da Hausa a gaban kyamara, ya amsa da bakinsa, ya dangwala yatsa, ɗansa ko shugaban marina ya shaida. A faɗa masa ƙarara inda fim zai je, har da YouTube, domin wanda ya yarda da "tarihi" kan ji ciwo in ya ga an yanko shi a TikTok. Yaran da ba su kai 18 ba, sai da yardar waliyyi.

Kada a rubuta masa abin da zai faɗa. Tambaye shi yadda ake haɗa baba da toka da ruwa, hannunsa na cikin aiki, magana za ta zo da kanta.

Editan Zoo Road:
Farkon ɗauka ya faɗi cikakken sunansa da laƙabin da yake so a sa, Malam ko Alhaji, kada a yi masa zato. Sa kyamara a firam 25, wato hoto 25 a kowane sakan, don ya dace da bugun wutar lantarkinmu mai 50 Hz. A firam 30 fitilar ɗaki kan yi ta ƙifta-ƙifta a hoton. Kafin a saki fim, kai masa a waya ya kalli sashensa.