Neman shawara: yarona ya ce shi Dakta Doom zai zama

Maman Khalifa: Assalamu alaikum 'yan uwa. Shawara nake nema, kuma don Allah kada a yi mini dariya, ko da yake ni ma sai da na dara kafin abin ya fara damuna.

Yaron wajena shekararsa 11, yana aji shida na firamare. Tun yana ɗan mitsitsi idan aka tambaye shi me zai zama, likita yake cewa, har kakarsa ta laƙaba masa Likitan Gida. A hutun da ya wuce ƙanena da ke jami'a ya zo mana, ya zuba masa littattafan labarin zane na Amurka a tsohuwar wayata, wai don Turancinsa ya gyaru. Turanci kam ya gyaru, ba zan ɗauki alhakinsa ba.

Shekaranjiya na dawo daga barka, sai na tarar da mutum tsaye a kan kifaffen turmi, ya yafa koren hijabina na salla. Ya yanko kwali, ya liƙe shi da ledar madara ta ɓarin mai ƙyallin nan, ya huda ido biyu, ya ɗaura a fuska da robar ɗaure kuɗi. Ƙannensa biyu na durƙushe a gabansa. Na ce sauko ka kai mini niƙa. Ya ƙanƙance murya ya ce, "Doom ba ya kai niƙa."

Da na titsiye shi ya ce ai har yanzu dakta zai zama, amma irin Dakta Doom. Na duba wayar na ga akwai wani kuma Dakta Strange, yana murza hannu wuta na fita, wanda ni dai tsafi na gani ƙiri-ƙiri. Abbansa ya ce a goge komai a huta. Ni kuma ban taɓa ganin yaron nan ya zauna da karatu awa guda ba tare da an yi masa tsawa ba sai yanzu. Ga shi dama lissafi na ba shi wahala, 38 ya ci a jarrabawar da ta wuce, kuma in ka ce zo in gyara maka sai ya kumbura kamar fanke.

Su wane ne daktocin nan? Likitoci ne da gaske? In goge ko in bari?

Hajiya Ta Gwammaja: Doom ba ya kai niƙa, to Doom yana cin tuwo? Ki tambaye shi wannan tukuna.

Sadiq Fagge: Wa alaikumus salam Anti. Tun ina sakandare nake bin labaran nan, bari in warware miki. Duk yawan daktocin da ke ciki, Khalifa ya tsallake masu takarda ya je ya zaɓi wanda aka kora daga jami'a.

Dakta Doom bos ne, ba jarumi ba. Kamfanin Marvel ya fito da shi a 1962, a fitowa ta 5 ta mujallar Fantastic Four, Stan Lee ya rubuta, Jack Kirby ya zana. Sunansa Victor von Doom, mutumin wata ƙasa da marubutan suka ƙirƙira a Turai, wai ita Latveria. Maraya ne. Uwarsa matsafiya ce, ta mutu yana ƙarami. Ubansa mai maganin gargajiya ne, ya mutu yana gudun wani basarake da matarsa ta cika a hannunsa. Yaro ya taso da ƙwaƙwalwa kamar me, har wata jami'a a Amurka ta ɗauke shi karatu kyauta. A can ya shiga haɗa wata na'ura a ɓoye, wai don ya gana da uwarsa a lahira. Wani ɗalibi mai suna Reed Richards ya leƙa takardunsa, ya ga lissafin ya ɗan kauce, ya ce masa ya sake dubawa. Doom ya fatattake shi, shi wa ya isa ya gyara masa. Ya kunna na'ura, ta fashe masa a fuska, jami'a ta sallame shi. Daga nan ya nausa duwatsun Tibet, wasu masu bauta a can suka ƙera masa sulke, ya kifa fuskar ƙarfen tun ba ta huce ba don tsabar gaggawa. Ya koma gida ya ƙwace mulki. Har gobe bai yarda shi ya yi kuskure ba, Richards yake ɗora wa laifi. Daktan kuwa shi ya naɗa wa kansa. Mutumin da ke da ƙasa sukutum, wa zai ce masa kawo takarda mu gani? Kuma ba ya cewa "ni", sai dai "Doom ya ce, Doom ya yi", nan Khalifa ya samo salon.

Dakta Strange shi likita ne na gaske a labarin, mai tiyatar ƙwaƙwalwa. Ya fito a 1963, aikin Steve Ditko da Stan Lee. Hatsarin mota ya lalata masa jijiyoyin hannu, ya ƙarar da dukiyarsa a neman magani, ya ƙare a wajen wani tsoho a duwatsun Himalaya, wanda ya koya masa sihiri. Abin da kika gani ba gizo idonki ya yi miki ba.

Sauran yawanci daktocin kimiyya ne. Dakta Octopus, abokin gabar Spider-Man, shi ma na 1963, masanin nukiliya ne da hannayen ƙarfe huɗu suka manne masa a jiki bayan wani hatsari. Hulk ma idan ya huce Dakta Bruce Banner ne. A kamfanin DC akwai Dakta Mid-Nite na 1941, likitan tiyata da gurneti ya makantar, sai ya zama a cikin duhu kaɗai yake gani, yana yawo da mujiya.

Ni dai ba zan ce a goge duka ba. Amma ki duba in akwai mai suna Watchmen, wanda wani shuɗin mutum, Dakta Manhattan, yake ciki. Wannan na manya ne, mutumin ko wando ba ya sawa, ki cire shi yau. Finafinan Strange na 2016 da 2022 ma a can Amurka an yi musu alamar gargaɗi ga yaran da ba su kai 13 ba.

Maman Khalifa: Tsaya Sadiq. Ka ce an gaya masa lissafinsa ba daidai ba ne, ya ƙi ji?

Sadiq Fagge: Ƙwarai Anti. Cikakken labarin na cikin fitowa ta biyu ta mujallar Fantastic Four ta shekara-shekara, ta 1964. In kawunsa ya zuba masa da yawa, da wuya a ce babu ita.

Baban Ilham: Maman Khalifa, ruɗanin da kika shiga ni kullum a cikinsa nake. Digirina na uku a tarihi na yi, amma duk sallar da na je gida sai gwaggona ta miƙo mini hannu in duba mata hawan jini, tunda an ce na zama dakta. Na gaji da bayani, yanzu na sayi na'urar awon na ajiye a mota. Kalmar asalinta Latin ce, daga koyarwa ta fito, malami take nufi tun kafin likitoci su ɗauka. Mu Hausa ta ma hutar da mu, muna da likita muna da dakta. Marigayi Mamman Shata dakta ne, Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba shi na girmamawa, bai taɓa yi wa kowa allura ba.

Kan batun gogewa, tsoron da ke ranki iyayen Amurka sun riga ki. A ƙarshen shekarun 1940 har tara littattafan nan aka riƙa yi a harabar wasu makarantu ana cinna musu wuta. A 1954 wani likitan masu taɓin hankali a New York, Fredric Wertham, haifaffen Jamus, ya fitar da littafi yana cewa su ke lalata yara, ya kuma ba da shaida gaban kwamitin majalisar dattawa. A shekarar kamfanonin suka kafa wa kansu hukumar tacewa, mujallu da yawa suka mutu. Sai a 2012 wata malamar Jami'ar Illinois, Carol Tilley, ta bi takardunsa ta gano ya murɗe maganganun yaran da ya ce ya yi hira da su. Ba ina nufin duk abin da ke ciki alheri ne ba. Amma yaron da aka ƙwace wa a gida, a wayar abokinsa zai ƙarasa, inda babu mai tambayarsa me ya fahimta.

Malam Bashir: Dakta, na ji bayaninka, amma akwai inda ba zan bi ka ba. Malama, batun sihiri ba abin wasa ba ne. Yana cikin abubuwa bakwai masu halakarwa a hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito, kuma ki karanta masa aya ta 102 a Suratul Baƙara da fassararta. Abin da ya fi damuna a labarin Strange ɗin nan, yadda Sadiq ya kawo shi, shi ne tsarinsa: asibiti ya gaza, boka ya yi nasara, kuma bokan ne mutumin kirki. Mu da muke fama da masu barin asibiti su tafi wajen mai duba, ba ma buƙatar a ƙawata wa yaro wannan da launi. Shawarata a cire wannan, a gaya masa dalili, kada a goge a ɓoye ya wayi gari ya ga wayam.

Sadiq Fagge: Allah gafarta Malam, gaskiya ɗaya ce, Doom ɗin ma yana taɓa tsafi, gadon uwarsa ne. Akwai kuma Dakta Fate na DC, tun 1940, wanda ƙarfinsa ke cikin wata hular ƙarfe mai ɗauke da ruhin Nabu, sunan da aka aro daga abin bautar mutanen Babila.

Malam Bashir: To ka ƙara mini hujja. Sai dai shi Doom an nuna shi a mugu, kuma an nuna inda abin ya kai shi. Wannan ana iya zama da yaro a tattauna.

Ummu Hanan: 'Yar uwa, ni likitar yara ce, kuma abin da ya ba ni dariya, Strange kafin hatsarinsa mun san irinsa a wurin aiki: gwani ne, ga girman kai, ga son kuɗi, mara lafiyar da ba shi da abin biya ko kallo bai ishe shi ba. Ki lura, daga shi har Doom ciwonsu ɗaya, ba a gaya musu. A aikinmu kuwa wanda ba a gaya wa shi ke kashe mutum. Maganin yara da nauyin jiki ake auna shi, ɗigo ɗaya ya goce a lissafi ka ba jariri ninki goma. Ni da shekaruna a aiki, har yau in nas ta ce Dakta sake duba wannan, sai na sake dubawa, kuma an sha samun ita ce da gaskiya.

Ki gaya wa Likitan Gida hanya tana da tsawo: shekara 6 a jami'a, shekara guda ta horo a asibiti, hidimar ƙasa, sannan in tiyatar ƙwaƙwalwa yake so ya ƙara wasu wajen 6. Kuma ba a shiga sai da kiredit a lissafi. Da 38 ko ƙofar ba za a nuna masa ba.

Tunda yana son masu taken dakta, a nemo masa Dakta Faiza Hussain. Ita ma ta Marvel ce, ta fito a 2008, likita ce Musulma 'yar Birtaniya mai asali da Pakistan, da ɗankwalinta, kuma ita aka ba takobin Excalibur na tatsuniyar Ingila. 'Yata ce ta nuna mini ita.

Abu Ammar: Duk wannan dogon Turanci ne. A karɓe waya a ba shi allo. Mu da aka yi mana haka me ya same mu?

Hajiya Ta Gwammaja: Abu Ammar, kai da ka kwana kana kallon Indiya a gidan maƙwabta ta taga, yi mana shiru.

Maman Khalifa: Na gode ƙwarai 'yan uwa, Allah ya bar zumunci. Ga yadda aka yi.

Daren Juma'a bayan isha na ce ya zo ya ba ni labarin Doom tun daga farko, ni ban iya Turancinsu ba. Bakinsa har kunne. Ya yi ta zuba, da ya iso wajen na'urar sai ya ce ta fashe kawai, ya wuce. Na ce me ya fasa ta? Ya ce Richards ne. Na ce nemo mini shafin. Ya nemo, na ce karanta da ƙarfi ka fassara mini. Ya karanta, muryar tana raguwa, har ya zo inda aka ce masa ya sake duba lissafi ya kori mutumin. Ya yi shiru yana murza gefen tabarma. Can ya ɗago ya ce, "To amma Mama, ai duk da haka ya zama sarki." Abbansa da ke cin abinci sai da ya ƙware.

Ban ce na ci nasara ba. An dai yi yarjejeniya: waya Asabar da Lahadi bayan Islamiyya, aikin lissafi kuma sai Abbansa ya duba kafin a sa a jaka. Na Strange da na shuɗin mutumin an cire a gabansa, na karanta masa ayar da Malam ya ce, ya yi tambayoyin da sai da na kira Yaya Malam a waya ya amsa masa. Jiya an gyara masa lissafi biyu, ya kumbura amma ya goge ya sake. Na ji shi yana gaya wa ƙaninsa a ɗaki wai yanzu a gidan nan Abba ne Richards.

Hajiya, na yi masa tambayarki. Ya kai niƙan.

Sadiq, don Allah turo mini sunan mujallar da Faiza take ciki. Tunda na nuna wa ƙanwarsa hotonta a intanet muciyata ta ɓace, sai ɗazu na gan ta a bayan ƙofa an naɗe mata mariƙi da ledar madara.