Masaƙin Lokaci na Zangon Agege

Malamin Zango, Agege:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Gwarzon makon nan ƙirƙirarre ne, wani tsohon hatsabibi mai saƙa lokaci. Na sa ya baro Kura bayan layin dogo ya isa Kano a 1911. Amsa-amonmu "ri". Bismillah.

Da sunan Allah zan buɗe labari,
Na tsohon da ya bar Kura da mazari,
Ya hau jirgin ƙasa mai gudu da sauri,
Ya sauka Agege ba kuɗi ba jari.

'Yan goro na ɗaurin huhu cikin gari,
Shi ko ya kafa masaƙa ya ja wadari,
Ba auduga, ba tsamiya, ba zugu fari,
Safiya da maraice ya jera a tsari.

'Yar Idi-Araba:
Malam, ka bar mu a bakin masaƙa, ba ka faɗa mana inda yake samun zare ba. Ga nawa:

Zarensa yana kan gada jibge a tari,
Inda danfo ke cirko-cirko tun da wuri,
Sa'o'in da cunkoso ya cinye wa gari,
Shi ke bi da dare yana tsinta a asiri.

Na mai tura baro da ya fito cikin ɗari,
Na mai gadi da bai runtsa ba don hatsari,
Na mai jego da ke sauraron ƙaho da tari,
Ya naɗe a ƙoshiya, bai bar ko ƙiris a wuri.

Ɗan Mile 12:
Yaya, in gadar Third Mainland kike nufi, ai sai 1990 aka buɗe ta. Mutumin zamanin Gwamna Lugga ya kai nan?

'Yar Idi-Araba:
Ƙanena, mai saƙa lokaci ake wa nazari?
Shekarunsa na kan allera, yana musu ƙari,
Ya tsinta a gadar Carter tun da fari,
Da sabuwa ta zo ya koma can da wuri.

Ɗan Mile 12:
Na karɓa, Yaya. To ku ji abin da ya faru tsakaninsa da wani ɗan kasuwarmu. Waɗannan baitocin daga zuciya na ciro su, don duk mai sauke kwandon tumatir a nan ya san irin wannan waya ta labarin rasuwa.

Wani mai tumatir ya zo masa a fari-fari,
Idonsa jawur, ya durƙusa ba haƙuri,
"Baba, Inna ta rasu ina nan ina kan jari,
An rufe ta da la'asar kafin in ji labari.

Warware min jiya, Baba, ka yi min alheri,
In riƙe hannunta ko da ban ce mata komai ba a wuri."
Tsoho ya ɗaga ƙafa daga mataki a sanyi da tsari,
Ya ce, "Ɗana, wannan saƙar ba tawa ba ce, bari.

Abin da aka naɗe ya naɗu tun fari,
Mahaifinka fa? Yana raye a gari?"
Ya ce yana nan. Sai ya miƙo gwado fari:
"Kwananka arba'in ne da hanya ta ci, yi sauri."

Mai tumatir ya je ya zauna gun mahaifinsa a zaure da shimfiɗar buzu, suka ci tuwo kwano ɗaya. Baitin ya ƙi fita da "ri" a nan, na bar shi haka.

Hajiyar Obalende:
'Ya'yana, waƙa ta yi daɗi, amma ina da magana.

Lokaci na Allah ne, Shi ke da tsari,
Dare da rana Shi ke juya su a gari,
Kada mu ɗaga boka mu faɗa hatsari,
Ko a wasan baiti, harshe na da zarafi da sharri.

Malamin Zango, Agege:
Gaskiyarki, Hajiya, kuma shi ya sa nake son baitin yaron nan. Tsohonmu bai taɓa ajalin wani ba, bai tashi matacce ba.

Bai ce zai ƙara wa mai rai kwana ba a daftari,
Abin da aka zubar kawai yake tattarawa wuri,
Ya mayar wa baƙon da Ikko ta sa shi sauri,
Har ya manta hanyar gida da ɗanɗanon gishiri.

Ranar da ya cika, ana ta kukan raguna a tari,
Jajibirin Babbar Sallah, Alaba Rago ba wuri,
Aka sami masaƙa da sauran zare a wadari,
Ba magaji, ba wasiyya, sai kunkuru da mazari.

'Yar Idi-Araba:
A'a Malam, ban yarda ba magaji ba. A gida maza ke saƙa ƙwarya siririya a zaune, mata kuma suna da tasu masaƙar ta tsaye mai faɗi. Me zai hana?

Wata 'yar talla da ke kai masa koko da wuri,
Ta daɗe tana kallon hannunsa da nazari,
Ta kwashe zaren ta kafa a tsaye cikin sirri,
Zanenta ya fi nasa faɗi, ya rufe goyo daga ɗari.

Malamin Zango, Agege:
To, tunda kin kawo ta, ke za ki buɗe mako mai zuwa da labarinta. Hajiya, ki zaɓa mana amsa-amo.

Hajiyar Obalende:
"Na". Kuma a fara da salati.