Killmonger a kan tebur: a saye shi ko a haƙura?

Sabon Shiga: Assalamu alaikum 'yan uwa. Wani ɗan'uwana zai taso daga Landan ƙarshen wata, ya ce in faɗi abu ɗaya da zai riƙo min. Ni dai tun da na ga ana buga Marvel: Crisis Protocol, wasan yaƙin nan na kan tebur da ake yi da ƙananan mutum-mutumin jaruman Marvel, raina ya biya, kuma ba kowa nake so ba sai Killmonger, abokin gabar Black Panther. Tambayata biyu ce. Yana cikin wasan kuwa? In yana ciki, mutum ne da ake cin wasa da shi, ko dai na ajiyewa a kan kanta ne ana kallo?

Kawu Mai Dayis: Wa alaikumus salam, ɗana. Yana ciki, tun farko-farkon wasan ma. Kamfanin Atomic Mass Games ya fitar da wasan a ƙarshen 2019, ba a jima ba kwalin Black Panther da Killmonger ya biyo baya, su biyu a kwali guda. Amma tsaya tukuna. Kana da babban kwalin farko?

Sabon Shiga: A'a Kawu, ko dayis ɗaya ba ni da shi.

Kawu Mai Dayis: To ka ga inda gizo ke saƙar. In aka kawo maka wannan ƙaramin kwalin kaɗai, mutum biyu za ka samu da katunansu, shi ke nan. Babu dayis, babu sandunan awo, babu katunan rikici, wato masu faɗin abin da ake faɗa a kai. Dayis ɗin ma ba irin na lido ba ne, fuska 8 gare shi, kuma alamomi ne a jiki ba lambobi ba. Kamar ka sayi linzami ne alhali ba ka da doki.

Ɗan Cabal: Kawu ya gama magana a kan saye. Ni bari in amsa ta biyun, don na buga shi ya fi a ƙirga. Kowane mutum a wasan nan yana da nauyinsa, kuma katin rikicin da aka zaɓa shi ke faɗin jimillar nauyin da za ka shigo da shi fili, galibi 17 ko kusa da haka. Killmonger nauyinsa 4, daidai da Captain America da Red Skull. Ba arha ba ne. Abin da kake biya a kai kuwa abu ɗaya ne: farauta. Yana iya rugawa ya kai sara a tashi ɗaya, kuma duk wanda ya kayar yana ƙara masa alamar da zai riƙa sake jefa dayis da ita. Wato da zarar ya ɗanɗana jini sai ya ƙara haukacewa.

Sai kuma katinsa na dabara, Usurp the Throne, wato ƙwace gadon sarauta. Za ka biya ƙarfi, wato alamomin da mutum ke tarawa yana kashewa a wasan, ka buga shi, a wannan zagayen sai saransa ya ƙara kaifi a kan wanda ya fi kowa girma a rundunar abokin karawa. In ya sumar da shi ko ya fitar da shi, maki 2 naka ne nan take. A wasan da ake tseren kaiwa maki 16, maki 2 ba abin rainawa ba ne. Na taɓa kayar da Hulk da shi, mai nauyi 6, bayan Zemo ya fara rage masa jini. Wanda muke bugawa da shi ya daɗe yana juya katin yana sake karantawa, yana neman inda na yi coge.

'Yar Wakanda: Yaya, ka faɗi ranar Hulk, ka manta ranar da muka buga ni da kai?

Ɗan Cabal: Ƙanwata, ai ba kowane zance ake kawowa zaure ba.

'Yar Wakanda: Za a kawo shi kuwa, don kada yaron mutane ya kashe kuɗi a kan rabin labari. Sabon Shiga, ka saurara. Ya tara ƙarfinsa, ya buga katin nan, ya nufo Black Panther ɗina da gudu. Ni kuma Okoye tana tsaye a gefensa. Aikinta ke nan, gadi: tana biyan ƙarfi ta karɓi saran da aka kai wa na kusa da ita. Sara na farko ta tare, na biyu ta tare. Katin ya tafi a banza, ga Killmonger tsaye tsakiyar fili shi kaɗai, babu mai rufa masa baya. Kafin zagayen ya ƙare Shuri da Black Panther sun juya masa kati zuwa gefen rauni. Captain America ma yana irin wannan gadin, kuma yana cikin tsohon kwalin farko, ka ga kusan kowa na da maganinsa a hannu.

Ba cewa nake ba shi da kyau ba. Ni ma ina saka shi. Amma jikinsa bai kai bakinsa ba. Wanda ya tura shi gaba tun zagayen farko, to ya yi masa sallama.

Kawu Mai Dayis: Abin da yarinyar nan ta faɗa shi ne abin da sababbi ba sa ji. Wasan nan galibi ba a cin sa da kisa. Fili ƙafa 3 ne tsawo, ƙafa 3 faɗi, ana zagaye 6, kuma maki suna fitowa ne daga wuraren da kuka tsare da kayan da kuka ɗauka kuka riƙe. Na sha ganin yaro ya kayar da mutum uku yana murna, aka ƙirga maki aka ga Black Widow mai nauyi 2 ta ɗauke kaya ta laɓe bayan kwandon shara tun ɗazu tana tara wa mai ita maki. In za ka buga Killmonger, sai ka tanadi masu zaman gadin wuraren, shi kuma ka riƙe shi kamar kibiya ɗaya da ta rage a kwari.

Sabon Shiga: Na gode ƙwarai. Amma akwai abin da ya ɗaure min kai. 'Yar Wakanda ta ce ita ma tana saka shi, ga shi kuma tana da Black Panther. Ba abokan gaba ba ne?

'Yar Wakanda: A labari haka ne, tun fitowarsa ta farko a 1973 gadon sarautar Wakanda yake nema. A tebur kuwa babu ruwan doka da wannan. Za ka iya haɗa kowa da kowa, ko Spider-Man da Doctor Octopus. Sharaɗin kawai shi ne in kana son amfanin jagora, sai fiye da rabin rundunarka sun zama 'yan ƙungiyarsa. Killmonger yana cikin Wakanda, yana kuma cikin Cabal ta Red Skull. Lissafina kullum: Black Panther 4, Killmonger 4, Shuri 3, Okoye 2, ya zama 13, saura 4 in cike da wanda ya dace da rikicin ranar.

Ɗan Cabal: Ni kuwa na fi ganin sa a gidan miyagu, can ne ya fi sakewa. Mugayen tsohon kwalin farko su biyar ne: Red Skull 4, Ultron 4, sai Zemo da Crossbones da Doctor Octopus kowanne 3, jimilla 17 cif. Ka cire Ultron ka sa Killmonger, lissafi bai motsa ba. Jagorancin Red Skull yana ba mutum ƙarfi duk lokacin da ya ji wa abokin gaba ciwo, shi kuma Killmonger mayunwacin ƙarfi ne. Zemo kuma yana ba na kusa da shi damar sake jefa dayis. Ka sa su tafi tare kamar Ɗanjuma da Ɗanjummai.

Ɗalibi a Ingila: Sannunku. Gyara ɗaya ga mai saye: a 2023 an fitar da sabon babban kwali, kuma an sake fasalin mutanen ciki, don haka lissafin Yaya na tsohon kwali ne. Ɗan'uwanka ya duba wanne ne a hannun mai shago. Haka kuma daga baya an haɗa 'yan Wakanda huɗun nan a kwali guda, ya fi sauƙi a kan sayensu biyu-biyu. Dokokin wasan kyauta ne a shafin kamfanin, kuma sukan gyara katunan mutane lokaci-lokaci su saka sababbin a can. Ka sauke ka karanta kafin kaya su iso, kada ka dogara da abin da ke rubuce a katin cikin kwali kawai.

Mai Buroshi: Kowa na ta maganar faɗa, babu wanda ya gaya wa yaron nan cewa in ya buɗe kwali ba Killmonger zai gani ba. Guntayen roba ne ruwan toka maƙale a jikin firam. Kai za ka yanke, ka kankare, ka manna, ka yi fenti. Nawa na farko da sufa gulu na haɗa shi, dare ne kuma an ɗauke wuta, ina haskawa da fitilar waya a baki. Hannunsa ya manne a karkace, yatsana ya manne da kafaɗarsa, da na fizge sai makamin ya karye. Har yau yana nan kamar mai gaida surukai. Ka ce a haɗo maka da gam na roba, mai ɗan siririn baki, da ƙaramin almakashin yanke firam. Gam ɗin narkar da robar yake ya haɗe ta, kuma yana ba ka 'yan daƙiƙu ka daidaita kafin ya kama.

Kuma kada ka fesa fentin ƙasa a waje lokacin hunturu. Ƙura tana sauka a kai kafin ya bushe, sai fuskar ta fito kamar an barbaɗa mata gari.

Kawu Mai Dayis: In fenti ne ba ka so, akwai HeroClix na kamfanin WizKids, tun 2002 ake yin sa. A fente suke zuwa, lambobinsu na jikin faifan da ke ƙarƙashin ƙafa, ana murɗa shi duk lokacin da aka ji wa mutum ciwo. Sai dai yawanci a rufaffen kwali ake sayar da su, ba ka san wanda za ka samu ba sai ka buɗe. Ga mai neman mutum ɗaya tak, wannan wahala ce, sai dai ya nemi mai sayar da ɗai-ɗai.

Mai Buroshi: Kawu, fentin nasu kuwa wani lokaci ido ɗaya na kallon gabas ɗaya na kallon yamma.

Sabon Shiga: Allah ya saka da alheri. Na fahimta. Zan ce ya kawo babban kwalin da gam, Killmonger ya jira zuwa tafiya ta gaba. Ko da yake raina bai so ba.

'Yar Wakanda: Ba sai ka jira ba, ƙanena. Yaya yana da biyu, ɗaya kyauta aka ba shi, yana cikin leda ko buɗewa bai yi ba.

Ɗan Cabal: Wa ya aike ki? To shi ke nan, aro ne ba kyauta ba. In kayanka sun iso ka zo ran Asabar bayan la'asar, ka zo da dayis ɗinka. Kuma ni zan riƙe Okoye.