Muhawara: Lissafin Faɗuwar Darajar Mota Yana Aiki a Kumasi Kuwa?

Alhaji Tanko, Aboabo: Salamu alaikum. Ana koya wa yaranmu masu shirin WASSCE, jarrabawar gama sakandare, cewa mota tana rasa kaso iri ɗaya na darajarta kowace shekara. Ni ina ganin lissafin takarda ne, bai san kasuwar Kumasi ba. A 2022 dala ta tashi daga wajen sidi 6, kuɗinmu na Ghana, har ta haura 14. Wanda ya sayi Corolla a farkon shekarar zai iya sayar da ita a ƙarshenta sama da yadda ya saya. To ina faɗuwar take?

Malam Bashiru, Asawase: Wa alaikumus salam, Alhaji. Bari mu fara daidaita kan abin da lissafin yake faɗa. A ce mota ta sidi 200,000 ce, tana rasa kashi 15 cikin ɗari a shekara. Abin da ya saura kashi 85 ne, don haka kowace shekara sai a ninka da 0.85: 170,000, sai 144,500, sai 122,825, sai 104,401, a shekara ta biyar 88,741. Shekarar farko an yi asarar 30,000, ta biyu 25,500, ta uku 21,675. Kason bai canza ba, kuɗin ne ke ƙanƙancewa, domin ana cire shi ne daga abin da ya rage. Wanda ya cire 30,000 duk shekara zai ce motar ba ta da darajar ko pesewa kafin ta cika shekara bakwai, alhali kowa ya san Corolla mai shekara bakwai kuɗi ce. Inda yara ke faɗuwa kuma: farashin saye shi ne lamba ta farko a jerin, saboda haka darajar bayan shekara biyar lamba ta shida ce. Wanda ya ninka sau huɗu maimakon biyar sai ya tsaya a 104,401.

Alhaji Tanko: Malam, ka yi karatu mai kyau, amma ba ka amsa ni ba.

Hajiya Rabi, Sabon Zango: Ni zan amsa, Alhaji. Motar ba ta tashi ba, sidi ne ya faɗi. Motocin hom-yus, wato na hannu da ake kawowa daga waje a sauke a tashar jiragen ruwa ta Tema, da dala ake sayo su, kuma kuɗin kwastan yana bin canjin dala. A ce mota ta dala 10,000 ce lokacin da dala take sidi 6, wato 60,000. Bayan shekara ta koma dala 8,500, dala kuma ta zama sidi 10, sai ka ga 85,000. Mai ita yana murna ya ci ribar 25,000, amma in ya koma sayen irin wadda ya saya, sidi 100,000 za a nema. Abu biyu ne ake ninkawa, 0.85 na motar da kuma tashin dala. A yi lissafin da dala, a juya shi zuwa sidi a ƙarshe. Kuma wannan lissafin na cire kaso duk shekara ba na aji kaɗai ba ne. Dokar harajin kuɗin shiga ta 2015, wato Act 896, ta sa motocin kasuwanci a rukunin da GRA, hukumar haraji ta Ghana, ke rage wa kashi 30 cikin ɗari a shekara daga abin da ya saura. Bas ta 200,000 za ta koma 140,000, sai 98,000, sai 68,600 a littafi. Sai dai kada a ɗauki wannan 30 ɗin a tafi da shi kasuwa, na haraji ne kawai.

Masta Sule, Suame Magazin (unguwar makanikai da masu sayar da kayan mota): Hajiya, maganar dala na yarda. Amma ina tare da Alhaji ta wani gefen. Mota ba ta saukowa a hankali kamar yadda Malam ya jera lambobinsa, tsalle take yi. Ranar da inji ya fara shan mai yana hayaƙi shuɗi, ko giya ta fara jinkirin shiga, ranar farashi ke zubewa gaba ɗaya. Motar da ta yi haɗari a Amurka aka gyara gabanta a nan, ko da shekararta ɗaya da wata, mai ido zai duba walda a ƙarƙashin bonet da bambancin fenti a bakin ƙofa ya rage kuɗi. Tasi da ke yini a hanyar Kejetia kuma ba za a haɗa ta da motar da ke zuwa ofis ta dawo ba. Mitar kilomita ma ana mayar da ita baya, sai a duba lalacewar sitiyari da robar fedar birki.

Malam Bashiru: Masta, gaskiya ce, jerin ba ya hango ranar da giyar mota guda za ta mutu. Matsakaicin motoci masu yawa yake bayarwa. Shi ya sa ba a aro kaso daga littafi, daga kasuwa ake ciro shi. A samo farashin samfuri ɗaya, masu lafiya iri ɗaya, a rana ɗaya. A ce mai shekara uku dala 12,000, mai shekara shida dala 7,800. A raba ƙarami da babba, 0.65. Tazarar shekara uku ce, sai a nemo lambar da in an ninka ta da kanta sau uku za ta ba da 0.65, wato 0.866. Faɗuwar kashi 13.4 ke nan a shekara. Kada a raba kashi 35 da ya zube a shekara ukun gida uku a ce 11.7, wannan kuskure ne.

Masta Sule: Saura ɗaya, Malam. Jerinka yana ta gangarowa wajen sifiri, amma a Magazin mota matacciya ma tana da kuɗi: inji, giya, ƙofofi, fitilu, har ƙarfen da ake aunawa a sikeli.

Malam Bashiru: To sai a ware wannan gindin tun farko. In kayan za su kai 20,000, sai a ninka 180,000 kawai da 0.85, a mayar da 20,000 a kai. Bayan shekara goma za a samu 55,437 maimakon 39,375.

Alhaji Tanko: Na karɓi ta dala, Hajiya. Amma kaso ɗaya ga kowace mota ban karɓa ba. Corolla da Vitz da kayansu ke ko'ina a Magazin ba za su faɗi kamar motar da sai an yi odar fitilarta daga waje ba. Malam, ka kawo lissafin kowacce daban, ni zan kawo farashin garejin da ke hanyar Tafo mu gwada.