Musayar waƙa: rokar da aka cafe da hannun ƙarfe

Ɗan Fagge: Salamu alaikum 'yan zaure. Na sake kallon bidiyon Starship, rokar kamfanin SpaceX na attajiri Elon Musk, na 13 ga Oktoba 2024, wallahi har yanzu tsigar jikina tashi take. Ga nawa, mai amsa ya amsa:

Daga Teksas roka ta tashi da safiya,
Inji talatin da uku, ta keta samaniya,
Gindinta ya rabu, ya juyo da tafiya,
Hannun ƙarfe ya cafe shi lafiya.

'Yar Damagaram:
Ɗan Fagge maroƙin Musk, zo ka ji ta,
Mai kuɗi ya yi tsalle, ina bajinta?
Indiya da ɗan guzuri ta sauka a wata,
Chandrayaan-3 can kudu, babu wanda ya riga ta.

Bazazzagi: Kai! Allah ya ƙara basira Hajiya, kin gama da Bakano, ya je ya sha ruwa.

Malamin Aruli: Hajiya ki yi haƙuri, ɗangonki na huɗu ɗingishi yake, ya fi 'yan uwansa tsawo nesa ba kusa ba, sunan kumbon ne ya karya miki kari.

'Yar Damagaram: To Malam ya zan yi, in yanke wa kumbon suna? Haka masu shi suka raɗa masa. Kuma ai na Ɗan Fagge ma "inji talatin da uku" ba tafiyar arziki yake ba, shi ba ka gani ba saboda ɗan garinku ne.

Malamin Aruli: Na gani, nasa tuntuɓe ne, naki karaya. Ki rera shi da baki ki ji inda numfashi zai tsaya miki, waƙa ba a auna ta da ido.

Bazazzagi: Malam kullum gyara, ba mu taɓa ganin baitinka ko ɗaya ba.

Ɗan Fagge: Afuwan, caji ne ya ƙare. Hajiya karɓi:

Rokar da ta kai naki ba ta dawo ba,
Sau ɗaya aka harba, ba a sake gani ba,
Falcon 9 ta Musk tun 2015 ba ta bar saukowa ba,
A duba ta, a sa mai, ba ta ce ta gaji ba.

Shi kuma Bazazzagi mai tafi a bayan mata:

Kano ta san kumbo kafin ka san takalmi,
Tashar NASA ta zauna nan, ka tambayi masu ilmi,
John Glenn na sama, mu muna sauraron jarumi,
Zariya a 1962 me ta ji in ban da gulmi?

Malamin Aruli: Gulma ake cewa, babu wani gulmi a Hausa, ka murɗe kalma don amsa-amo.

Ɗan Kumasi: Kuna ta faɗa kun manta da Sin, ni dai ban iya kari ba amma ga shi:

Chang'e-6 ta je bayan wata,
Gefen da ba ya kallonmu, ta ɗebo ƙasa tata,
Kusan kilo biyu, Yunin 2024 ta kawo ta.

Na huɗun ya ƙi zuwa, wani ya cike min don Allah.

'Yar Damagaram: Ɗan Fagge ka jira ni bayan isha'i, ba ka sha ba. Ɗan Kumasi ga cikon: Ba Amurka ba Rasha, ba mai irinta.