Fim ɗin nan marar magana, hujja ne ko tsoratarwa?

Ɗan Zariya: Jama'a kun kalli gajeren fim ɗin kuwa? Ba magana ko ɗaya, wani masani ne ya taɓa ƙwayar halittar wata shuka don ta yi yabanya, sai ta bazu ta cinye gonaki har tsuntsaye suka ƙaurace wa garin. Ni dai wannan ya ishe ni hujja, a bar halittar Allah yadda take.

Malamar bayoloji: Ƙanena fim ai ba hujja ba ne, wanda ya shirya shi shi ya zaɓi ƙarshensa, kuma da yake ba a cewa komai kowa tsoronsa yake cusawa a ciki. In ta gaske kake so ga ta, kamfanin Recombinetics a Amurka ya gyara ƙwayar halittar shanu su fito ba ƙaho, suka ce aiki ya yi tsaf, sai a 2019 masanan FDA, hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka, suka gano DNA ɗin bakteriya ya maƙale a jikinsu har da ɓangaren da ke sa bakteriya jure maganin antibayotik, su masu aikin ba su ma lura ba.

Ɗan Zariya: To Anti ai gefena kika dawo!

Malamar bayoloji: Ko kaɗan. Bincike ne ya kamo kuskuren, shi nake cewa a tsananta.

Alhaji na Kantin Kwari: Wa ya binciki masanin nan He Jiankui a Chaina kafin ya gyara ƙwayar halittar wasu tagwaye tun suna ƙwai a 2018? Sai da aka haife su aka ɗaure shi shekara 3, yaran kuma da abin za su rayu.

Maman mai sikila: Alhaji gaskiyarka, wancan zalunci ne. Amma don Allah kar ku haɗa duka, ɗana sikila gare shi, wanda bai kwana da yaro yana kukan ciwon ƙashi ba ba zai gane ba. Da irin wannan ilimin na gyaran ƙwayar halitta da ake kira CRISPR aka yi maganin sikila Casgevy da Birtaniya da Amurka suka amince da shi a 2023, ni abin da ke ci min rai kuɗinsa ne, dala miliyan 2.2, alhali Najeriya ce ta fi ko'ina masu cutar.

Ɗan Zariya: Allah ya ba shi lafiya Hajiya. Amma magani jikin mutum ɗaya ya tsaya, iri kuwa in ya shiga gona ya haɗu da na maƙwabta wa zai dawo da shi?

Malamar bayoloji: Wannan tambayar kam tana da nauyi. Waken SAMPEA 20-T mai jure tsutsa a cibiyar binciken aikin gona ta IAR ɗinku ta Samaru aka fitar da shi a 2019, ka je ka tambaye su yadda suke bin sawunsa a gonakin mutane, ka dawo mana da amsa.